Gutrata a Ƙafar Sinyora

Madina

Ba a kira sallar asuba ba maƙwabcina Usman ɗan Sudan ya tsai da motarsa a ƙofar gidanmu a Harra ta Gabas. Ni Haruna mai tsire na unguwar Sultana, wanda ya bar makaranta a aji uku don malamin ya riga ni gajiya, wai ni uwar Rukayya ta zaɓa in raka 'yarmu Italiya neman ilimi. Ilimin me? Na mutanen da suka fara haɗa opera, wasan kwaikwayon da ba a magana a cikinsa sai waƙa, ko mutuwa mutum zai yi sai ya rera tukuna. Sun rasu wajen shekara ɗari huɗu, amma digirinta na dakta ya rataya a kan takardun ɗayansu. Ta fi shekara tana jiran izinin ganinsu, aka ba ta 'yan kwanaki. In suka kuɓuce mata, sai ƙarshen layi.

Usman ya ɗaga kwalina ya yi nishi. "Ya Ammu, duwatsun Harra za ka kai musu?"

"Dabinon Khaibar ne. Ka taɓa ganin ɗan Madina ya je wa mutane hannu na dukan cinya?"

Rukayya ta ce, "Abuya, ba ziyara za mu ba," da Larabci. Ina mata Hausa tana mayar min da Larabci, haka 'ya'yan yanzu suke.

Jidda zuwa Rum

Jirgin ƙasa ya kai mu Jidda da hantsi, na sama ya sauke mu Rum bayan la'asar. Mai duba fasfo ya tambayi abin da ya kawo mu. Da Rukayya ta amsa da yarensu har murmushi ya yi mata, ni kuwa ya dube ni kamar jakar da ta ɗauko. A tashar jirgin ƙasan da zai ƙarasa da mu na nemi gahawa, aka miƙo min ɗan kofin da bai kai na zuba kwalli ba, a sha a tsaye, kuɗinsa kuma ya ishe gida guda burodin tamis da waken ful.

Bundukiyya

Haka Larabawa ke kiran Venice. Gari ba mota, ba jaki, sai kwalekwale, ni da ruwan da na sani shi ne na buta. Masaukinmu hawa na huɗu, ba lif. Ina haki a kan matakala Rukayya na ba ni darasi: wai a nan aka fara buɗe gidan opera da talaka zai biya ya shiga, a da sai fadar sarakuna. Mutumin nata kuma masana sun ce wani wasan malaminsa kawai ya kwafa, ita tana zargin da hannunsa a wasan. Sai ta ga tawadar da idonta.

Da safe muka je gidan ajiyar takardun. Shugabar wurin dattijuwa ce mai farin gashi, Sinyora ake ce mata. Aka karɓe mana jakunkuna, amma ba wanda ya tambayi aljihun riga. Ɗaki shiru kamar maƙabarta, masana sun duƙufa, ba sallama, ba wanda ya ba baƙo ko ruwa. Na ce to bari ni in nuna musu tarbiyya. Na zaga na ajiye wa kowa dabino a gefen littafinsa, na ci biyu don su saki jiki. Na dawo na tarar Rukayya na fama da wani shafi da ya manne, tana lallaɓa shi kamar jariri. Na lashi yatsa, yadda duk mai hankali ke buɗe littafi, na miƙa hannu.

Ranar na ji opera. Ƙarar da Sinyora ta yi, ko a gidan wasan sai an biya. Ban ma taɓa takardar ba, wallahi saura kamar ɗani guda! Aka kwashe littafin, aka karɓe katin shigar Rukayya, aka raka mu waje, aka biyo ni da dabinona a cikin leda ana riƙe da shi da yatsa biyu. Dabinon da sarakuna ke aikowa a saya!

Rukayya ta zauna a bakin ruwa. Ina cikin zagin mutanen gari sai ta ɗago ta ce, "Baba, ka kashe ni." Da Hausa, tsantsa, irin ta kakarta. 

Washegari

Na sa farar riga na ce ta biyo ni. A wurinmu in dattijo ya cire gutra, ƙyallen da muke yafawa a ka, da igal ɗin da ke riƙe ta, ya ajiye a ƙafar mutum, ya gama roƙo, ko jini ne a tsakani. In an ɗauka an mayar masa, an yafe. Ban taɓa yi wa kowa ba, ko surukina. Na tsaya gaban Sinyora na tuɓe gutrata, na shimfiɗa a kan takalminta, sanƙona yana shan sanyi.

Ta sunkuya ta ɗauka, ta kakkaɓe, ta miƙo min. Na san ta zaci faɗuwa ya yi. Wannan ba matsalata ba ce.

"Alhamdu lillahi, ta yafe! Faɗa mata."

"Abuya, aibi ne, ba ta sani ba."

"Shi ya sa za ki sanar da ita, ke ba malama ba ce?"

Ta fassara. Sinyora ta daɗe tana kallon ƙoƙon kaina, ta tambayi wani abu. Rukayya ta ce, "Wai sau nawa ka taɓa yi?" Na ɗaga yatsa ɗaya. Sinyora ta buɗe aljihun tebur ta fito da katin, amma da sharaɗi: 'yar ta shiga, uban kada ya ƙara taka ko dokin ƙofa.

Ni da aka aiko in tsare ta, na ƙare sauran kwanakin a kan gada tare da tattabaru. Ranar ƙarshe Rukayya ta fito da gudu, mayafi na tashi. Ta ga gyare-gyaren da hannunsa, wurin da wata mata ke kukan rabuwa duk shi ya rubuta. Ta rera min kaɗan a hankali. Ba laifi. Iskar ruwan ce ta sa min hawaye.

Madina

Muka iso ana kiran magariba, na yi salla a Harami kafin in ga gida. Godiya ga Allah da ya kai mu ya dawo da mu, da Usman da ya tarbe mu. Sinyora kuma rabin godiya, sauran sai ta koyi karɓar baƙi. Rukayya ta ce za ta sa sunana a shafin farko na littafinta. Na ce ta sa da manyan baƙaƙe, ta aika musu kwafi, in ya so su kore shi daga ɗakin mu gani.