Ƙeyata a Bangon Shago

A shekarun da nake aikin gwamnati a Abuja, a Keffi nake kwana, amma ba zan ce a nan nake zaune ba. Da na idar da sallar asuba nake kama hanyar tasha, ba na dawowa sai yara sun yi barci. 'Yata ta fari ba ta shiga makaranta ba tukuna, kuma in na miƙa mata hannu ranar hutu sai ta ɓuya bayan zanin uwarta. Dariya nake yi, amma abin yana ci mini rai, don gani nake ba ta san ni ba.

A gidan da muke haya a Tudun Ƙofa akwai wata 'yar garin Agwada da ta karanci zane a jami'a. Ni dai a ganina tarkace take tarawa: ƙyallayen da teloli suka zubar, yagaggiyar ledar kujerar mota, tsofaffin allunan shaguna. Yau ta yi zane da gawayi, gobe ta ɗauki hoto, jibi ka gan ta a tasha tana naɗar ihun kwandastoci a waya. Nakan tsokane ta in ce, “Yau kuma wane juji aka yi wa fashi?” Sai ta ce, “Oga, garinku nake kwashewa, tunda ba kwa zama ku gan shi.”

Ta yi watanni tana bin motarmu ta safe, kullum a kujerar baya. Da ta fara zana fasinjoji, wani dattijo ya ce bai yarda a zana masa fuska ba, sauran ma suka goya masa baya. Ba ta yi gardama ba. Ta koma zana abin da ke gabanta, wato ƙeyoyinmu.

Da ta gama, sai ta ari wani shago da ba kowa a bakin titi ta baje aikin. Maiɗakina ce ta matsa muka je ran Asabar, kada a ce maƙwabta sun ƙi zuwa. Bango guda cike yake da ƙeyoyin gawayi, huluna da ɗankwalaye na ƙyallen gaske, kujerun kuma na waccan ledar da nake rainawa. Wata 'yar sifika a lungu tana ta sakin muryar kwandastoci suna kiran fasinjojin Mararraba da Nyanya. Na duba ban ga kaina ba, to wa ya taɓa ganin ƙeyarsa?

Sai 'yata ta zare hannunta daga na uwarta, ta nufi bangon kai tsaye, ta ɗora yatsa a kan wata hula da ta karkace hagu.

“Ga Baba!”

Mai zanen ta riƙe baki ta ce wallahi ni ne. Na tambayi maiɗakina ko ita ta nuna mata.

“Ni a ina zan gane?” in ji ta. “Ƙarar ƙofa ke tashinta kullum. Takan hau akwati ta leƙa ta taga har ka sha kwana. Ban faɗa maka ba ne don kada in ƙara maka nauyi.”

Na sake duban hular da 'yata ta nuna. Daɗi da kunya suka taru suka rufe ni.

Ran Litinin na fito kamar kullum, gari bai gama wayewa ba. Da na kai bakin lungu sai na tsaya, na juyo. Tana nan a tagar. Ta daɗe tana kallon fuskata, sannan ta ɗaga hannu. Ranar motar farko ta tafi ta bar ni.