Tsingaron Bayan Ɗakin Iya

Ranar Litinin ta ƙarshen watan Fabrairu, shekarar 2008, na sa kayan makaranta na goya jakata, amma ban kai bakin titi ba na ga mutane suna dawowa a guje. Babu tasi ko ɗaya, babu 'yan bensikin, masu baburan hayar nan da kullum suke cika mana kunne. Baƙin hayaƙin taya ya turnuƙe ta wajen kasuwa, sai kuma wata ƙara da ban taɓa jin irinta ba, tas-tas, kamar ana fasa katako. Wata mai sayar da ƙosai ta fizgi hannuna ta tura ni lungunmu, tana cewa, "Koma gida, 'yar nan, yau babu lekol, babu makaranta!" A lokacin ban wuce shekara goma ba. Har yau in tayar mota ta fashe kusa da ni, sai na nemi bango na jingina.

Aka kulle ƙofar gida da sakata, aka tokare ta da turmi. Gidanmu na unguwar New Bell, a Douala, tsohon gida ne, ɗakuna a jere, rufin kwano ya yi ja don tsatsa, ga rijiya a tsakiya wadda ruwanta yake kusa ƙwarai, ko yaro zai iya ja. Aikina shi ne sharar tsakar gida, da wanke-wanke a bakin kwata, da tsince shinkafa tare da Iya, kakata ta wajen uba. In na gama sai in zana gidajen 'yar gala-gala da gawayi in yi ta tsalle ni kaɗai, don an hana 'ya'yan maƙwabta fitowa. Da harbi ya matso, Mama takan kira ni ɗaki mu kwanta a ƙasa, in ji zuciyarta tana bugawa a bayana.

A cikin jakata akwai wani littafin Faransanci na yara da Madam, malamar ajinmu, ta ara mini. Bayansa ya yage, ya sha hannu. Labarin masu tonon ƙasa ne don neman kayan mutanen da, da yadda jama'a suke zuwa sabon wuri su sare daji su kafa gari. Wallahi ban taɓa ganin abin da ya kama ni kamarsa ba. Ga hoton wani mutum ya durƙusa cikin rami yana share ƙasa da ɗan buroshi, a hankali kamar mai yi wa amarya kwalliya. Ga wasu manyan tukwane da aka tono can arewa, wajen tafkin Chadi, waɗanda babban mutum zai shiga ciki ya zauna. Ga zanen ƙasa an yanka ta kamar burodi, hawa-hawa, kowane hawa da mutanensa. Sai in ɗaga kai in dubi tsakar gidanmu. Ashe ƙasa ba ta mantuwa. Ashe duk garin da aka tashi aka bari ya zama kufai, yana nan kwance yana jiran mai buroshi.

Ana cikin haka labari ya zo cewa an fasa shagon Baba na atamfa, abin da ba a kwashe ba wuta ta ci. Baba bai yi kuka ba, bai yi faɗa ba. Ya zauna a kan benci a ƙofar ɗakin Iya, ya ce mata in hanya ta buɗe zai sayar da gidan mu koma arewa. "Hajiya, garin nan ba namu ba ne. Baƙi ne mu, baƙi za mu mutu." Iya ta ci gaba da jan carbinta.  Ni kuwa arewar nan ban san ta ba, Baba ma a nan aka haife shi, Faransancinsa ya fi na Madam gudu. Na yi ta tunanin gidanmu ya zama kufai, wani baƙo ya zo bayan shekaru ya tono kwanon cin abincina bai san sunana ba.

Washegari da hantsi na ɗauki tsohon cokali da buroshin goge haƙori, na zaga bayan ɗakin Iya, wani ɗan tsukin wuri tsakanin ɗaki da katanga inda ba a taɓa zuba siminti ba. Nufina in riga baƙon nan. Ƙasar baƙa ce, da danshi. Ban yi nisa ba cokali ya bugi ƙarfe: murfin langa ne, fentinsa ya ɓare, an kife shi. Gefensa ga wani. Na matsa jikin katanga na ƙara zurfi, sai ga tsingaro, fasasshen gindin tukunyar ƙasa mai zanen layi-layi, shi ma a kife. Na share shi da buroshi yadda na gani a hoto. A raina na ce na gano mutanen da suka riga kowa zama a Douala. Na jera su a kan buhu, na ruga na kira Iya.

Da ta leƙo ta gani, sai ta dafe ƙirji ta yi salati. Na zaci duka zan sha. Amma ta durƙusa da ƙyar, gwiwoyinta suna ƙara, ta ce, "Ja'ira, kin san abin da kika tono? Mabiyiyarku ce." Nan ta gaya mini cewa duk jaririn da aka haifa a gidan, mabiyiyar da take biyo shi bayan haihuwa akan wanke ta a binne a nan, a kife wani abu a kai saboda ɓeraye da ambaliyar damina. Ta taɓa murfin langa ɗaya ta ce nawa ne. Na tsaya ina kallon ramin, ni da kaina a cikin ƙasa.

Baba ya jiyo salatin ya zo. Iya ta ɗauki tsingaron da hannu biyu. Ita fa Baba ɗan farinta ne, don kunya ba ta taɓa kiran sunansa ba, sai dai ta ce "wannan" ko "mai gidan nan". Ran nan ta dube shi ido cikin ido ta ce, "Wannan taka ce, Garba. Tukunyar da na zo da ita daga gida ce, ni na fasa ta da hannuna. In ka ƙara tonawa ƙasa da ita, ta ubanka tana nan, uwarsa ta nuna mini wurin. Wa za ka sayar wa?"

Can nesa ana ta harbi. Baba ya karɓi tsingaron yana juya shi, ya daɗe. Sannan ya naɗe hannun rigarsa, ya durƙusa a cikin laka, ya mayar da kowanne inda yake, Iya tana nuna masa da yatsa. Ya karɓi cokalin daga hannuna ya rufe ramin da kansa. Da gari ya lafa, tsintsiya ya ɗauka ya tafi share tokar shagonsa. Maganar arewa ba ta sake fitowa daga bakinsa ba.

Yanzu ina aure a unguwar Logbaba, nan cikin Douala, gidan haya a saman bene, ko'ina tayil, babu ƙasar da za ka soka cokali. Iya ta rasu. Tsoro bai bar ni ba. Duk lokacin da aka fara raɗe-raɗin gari zai rikice, barci yakan gagare ni, in yi ta lissafin ta ina za mu gudu. Da na haifi 'yata a asibiti, ungozoma ta miƙo mabiyiya a ƙulle cikin leda, ta tambaya ko a zubar. Kafin in buɗe baki Baba ya miƙa hannu. Da furfurarsa ya hau bensikin, ledar a cinyarsa da wani murfin tukunyar Mama, ya nufi New Bell. Ban san irin garin da yarinyar nan za ta tarar ba. Na dai san akwai inda ƙasa ta san da zuwanta.