Gambarar Mai Keke

A Rogo na fara jin waƙar, a gidan aurena, ina tankaɗe a tsakar gida da hantsi. Mai cajin waya na bakin layinmu ne ya sa ta a lasifika, ta tsallako katanga. Wata jita mai kaurin murya ce ta fara shigowa, a hankali, ba ruwanta da kowa, sai tafi yana bin ta a baya. Can wata murya ta hau kai, ba rerawa take ba, magana take yi a kan kiɗan kamar mai hira a gindin bishiya. Na ajiye rariya. Muryar autanmu ce, yaron da na goya har bayana ya gaji.

Mun san yana Kano yana karatu, mun kuma san ba karatun kaɗai yake yi ba. Tun yana ƙarami ya gaji wani buhun tsofaffin kasakasai daga kawunmu direba, kiɗan baƙaƙen fatar Amurka na zamanin da, irin wanda jita ke tafiya da rangwaɗa. Ya saurare su har suka tsinke, yana liƙa su da jan farcena. Amma ban taɓa zaton abin zai kai ga muryarsa ta biyo ni har garin aurena ba.

Waƙar labarin wani mutum ce mai tallar goro a keke, yana bin kasuwannin ƙauye. Ba ya sauri, kowa yana wuce shi, shi kuwa yana gaisawa da duk wanda ya gani. Babu sunan kowa a ciki. Amma duk Karaye mutum ɗaya ne ya rage yana kai goro Turawa da Kafin Dafga a keke bayan kowa ya koma babur, kuma mutumin nan shi ya haife mu.

Da a nan abin ya tsaya, da sauƙi. Sai wani gidan rediyo ya sa waƙar a shirin matasa, mai gabatarwa ya kira ta da sunan da suke kiran irin wannan waƙa ta magana-magana, wato gambarar zamani. Su a birni suna ne kawai. A wajen Baba da tsararrakinsa kuwa, gambara abu ɗaya ce: mutanen nan da ke bin kasuwa da ganga, su tsaya a kan rumfarka, in ka hana su, su yi maka zambo har ka rasa inda za ka sa kanka. Ɗan gambara ba ya yabo. In ya ɗauko siffarka bai kama sunanka ba, to habaici ne, ya gama da kai.

Abokan zaman Baba a ƙofar masallaci ba su ɓata lokaci ba. Su da ba su taɓa sauraron waƙar daga farko har ƙarshe ba, su ne suka yi mata tafsiri. In yabo ne, in ji su, ina kalangu, ina kirari, ina sunan kakanni? Wane irin yabo ne ake yi da murya ƙasa-ƙasa kamar mai gulma? Har yau in na tuna mutanen nan raina yana ɓaci. Dattawa ne masu furfura, amma wajen kai tsegumi sun fi mata a gidan biki, kuma mu ake zagi da shi.

Ranar da na je gida na tarar da Baba a zaure, fuska a ɗaure. Ni ce 'yar fari, bai taɓa kiran sunana ba saboda alkunya, sai dai ya ce ke.

"Ke, kin ji abin da ƙaninki ya yi mini?"

"Na ji waƙar, Baba. Ni ban ji zagi a ciki ba."

"An ce gambara ce. A rediyo aka faɗa, ba a bayan gida ba. Na ciyar da shi da keken nan, yau ya ɗora ni a ganga duniya tana dariya. Ki gaya masa ya zauna inda yake."

Inna tana bayan ƙyaure tana ji. Daga baya ta ja ni ɗaki ta ce in bi a hankali, zuciyarsa ta yi zafi.

Na kira autan a waya na sauke masa nawa faɗan. Da na gama sai ya ce, "Yaya, to da yaya zan yi? In kama sunan Baba a waƙa? In tsaya a gabansa in ce ya burge ni?" Gaskiya ya faɗa, a gidanmu ba a yin haka. Kunyar da ta hana shi kama sunan ita ce mutane suka karanta a matsayin habaici. Na ce ya zo ya ba da haƙuri. Ya zo, Baba ya amsa sallamarsa ya tashi ya shige ciki. Yaron ya kwana a ɗakin abokinsa, da safe ya koma.

Ita kuwa waƙar ba ta san ana yi ba. A Kano, yadda autan ya ba ni labari, ba ta yi wani tashe ba da farko. Samarin da ke irin wannan waƙa a lokacin ihu suke yi, suna zuba magana da gudu, suna bugun ƙirji. Suka ce tasa ta yi sanyi, barci take sa mutum. Direbobin hanyarmu ne suka ɗauke ta. Duk motar da ka shiga daga Karaye zuwa Rogo za ka ji ta, wai tana hana su ganganci. Daga nan ta shiga teburin masu shayi, ta shiga wayoyin makiyaya a wajen Falgore, waɗanda ba ruwansu da waƙar birni. A gidan biki 'yan mata suka ƙirƙiro mata rawa, wadda ba rawa ba ce sosai, taku ne da kaɗa kafaɗa. Ni kaina na taka, Allah ya yafe mini, ubana yana fushi ina rausaya.

Har karin magana waƙar ta bari a bakin mutane. In mutum yana aikinsa a natse ba ya biye wa masu azarɓaɓi, sai a ce tafiyar mai keke yake yi, kuma ba da raini ake faɗa ba. Samari suka riƙa ɗaga wa Baba hannu a hanya suna cewa, "Sai mai keke!" Su girmamawa suke nufi, shi kuwa kowace gaisuwa sabon mari ce. Bai daɗe ba ya jingine keken a zaure, ya ce ƙafa ce ke damunsa. Mun san ba ƙafa ba ce, a lokacin dai.

Autan bai sake yin waƙar da ta kai wannan ba. Ya yi wasu, na saurara don kara, ba su da daɗi, na kuma gaya masa. Yanzu yana haɗa wa wasu kiɗa a wani ɗan ɗaki a Kano, ya yi aure har da 'ya'ya. Yakan ce yara masu tasowa suna zuwa su ce a yi musu kiɗa mai sanyi irin na mai keke, wasunsu ba su ma san shi ya yi ta ba. Da Sallah yakan turo matarsa da yaran Karaye, shi ya tsaya a Kano. Shekaru suka tafi a haka. Na yi magana har na gaji, na sa kawu ya yi, ba ta canza zani ba. Abin da ke cin raina shi ne Baba yana tsufa a gabana, ina tsoron kada ƙasa ta rufe ɗayansu a kan kalma ɗaya.

Bara, gab da faɗuwar damina, na je duba shi, don ƙafar ta zama gaske. Bayan la'asar muna zaune a zaure, ana biki a maƙwabta, sai ga jitar nan ta shigo. Na yi kamar ban ji ba.

"Har yanzu abin nan bai mutu ba?" in ji shi.

"Bai mutu ba, Baba."

Ya daɗe yana murza carbi. "Ni fa ban taɓa jin abin da yake faɗa ba. Kiɗan ne yake danne maganar. Ke kin iya ta?"

Na ce na iya. Ya ce in faɗa masa da baki, ba kiɗa.

Kunya ta kama ni kamar in nutse, amma na sunkuyar da kai na fara. Na faɗi yadda mai keken ke ɗaure ƙafar wando da roba. Yadda yake sauka in ya zo maƙabarta, ya tura keken da hannu har ya wuce. Yadda yake tsayawa shanu su gama tsallakawa, ya gaida mai su da Fulatancinsa na kame-kame. A nan Baba ya ɗan yi tari, ban ɗaga kai ba. Sai na zo baitin ƙarshe, inda mai keken ya ɗora yaro mai zazzaɓi a kan sirdi, ya ƙi hawa don kada gargada ta jijjiga shi, ya tura shi da ƙafa tun daga gona har asibiti cikin rana, yana yi masa inuwa da hularsa.

Na tsaya a nan. A maƙwabta mata suna guɗa.

"Bai fi shekara biyar ba fa lokacin," in ji Baba. Muryarsa ta sauya. "Na zaci ma a sume yake. Ashe yana kallona."

Ya goge fuska da hannun riga, ya ce in kira masa shi. Na danna wayar na miƙa masa. Suka gaisa, gaisuwa mai tsawo, ya gida, ya iyali, ya aiki, ya zafin birni, aka koma ya gida. Babu wanda ya ambaci waƙa. Ina jin numfashin ƙanina ta cikin wayar, yana jira.

Can Baba ya gyara murya ya ce, "Ruwa ya kusa sauka, kuma rufin ɗakinka ya tsage. Ni ba na iya hawa tsani yanzu. Ka zo ka duba abinka."