Ba Za a Shafe Bangon Saje Sila Ba

Ranar Talata, uku ga watan Nuwamba na shekarar 2009, da hantsi, Allah ya yi wa Saje Sila Dabai rasuwa a gidansa da ke nan Zuru, bayan gajeriyar rashin lafiya. Ina cikin aji ina koyar da lissafi labarin ya iske ni. Ban iya ƙarasa darasin ba, kuma ban ɓoye wa ɗalibaina dalili ba, domin babu ko ɗaya a cikinsu da bai taɓa tsayawa a gaban bangon gidanka ba, Baba Saje.

A wurin zaman makoki na ji abin da wasu ke faɗa ƙasa-ƙasa. Wai tsohon soja ya mutu da bashi a wuya. Wai ya ƙarar da shekarunsa na ƙarshe yana tallar talaucinsa a jikin bango. Ban tanka ba a ranar, don ba wurin gardama ba ne. Yau zan tanka.

Ka dawo gida daga aikin soja da ɗan fansho, da gwiwa ɗaya mai ciwo, da fili wanda ka saya tun kana bariki. Burinka ɗaya ne: matarka Mama Monica, wadda ta bi ka bariki-bariki tana zaman ɗakin gwamnati, ta kwana a ɗakin da ba wanda zai ce mata ta kwashe kayanta. A shekarar 2001 wani kamfanin ba da rancen gina gida ya turo wakilansa garin nan. Suka tara tsofaffin sojoji da ma'aikata, suka raba lemo, suka ce abin da sauƙi: ruwan kuɗin kashi goma sha takwas ne cikin ɗari, ana cira kaɗan-kaɗan daga fansho, kuma an ba mutum har shekara goma sha biyar. Ka karɓi naira dubu ɗari biyar, ana cire maka dubu takwas da 'yan kai kowane wata.

Ba wauta ce ta sa ka sa hannu ba, kuma ba zan yarda a ce ita ce ba. Kai ɗan manomi ne. A Dabai, idan rumbu ya ƙare tsakiyar damina, mutum kan ari buhun dawa wurin maƙwabcinsa, idan kaka ta yi ya mayar da buhun da 'yan mudu a kai, magana ta ƙare. Ƙarin sau ɗaya ake yin sa. Da wannan kunnen ka saurari wakilan, kai da duk waɗanda suka zauna tare da kai. Ka ɗora dubu casa'in a kan dubu ɗari biyar, ka ga cikin shekara shida ka fita. Shekara goma sha biyar ɗin kuwa ka ɗauka sassauci ne ga wanda ya yi jinkiri. Ba wanda ya tsaya ya ce muku wannan ƙarin kowace shekara yake dawowa, yana hawa kan duk abin da ya rage.

Bayan shekara uku kana biya, ka shirya ka tafi ofishinsu a Birnin Kebbi da fara'arka, don ka ji nawa ya saura. A lissafinka ka ci rabi. Suka ce maka saura dubu ɗari huɗu da saba'in da huɗu. Ka biya kusan dubu ɗari uku, amma abin da ya ragu daga uwar kuɗin bai kai dubu talatin ba.

Daga tasha gidana ka wuto, ko ruwa ba ka sha ba. Ka ce, "Malam, ko dai sun cuce ni, ko ni na cuci kaina. Duba mini, kuma kada ka ji tausayina."

Muka zauna gindin mangwaro muka bi abin wata-wata. A watan farko, cikin dubu takwas ɗin da aka cire, dubu bakwai da ɗari biyar ruwa ne. Ɗari biyar da 'yan kai ne kawai suka taɓa bashin. Haka aka yi ta tafiya. Idan ka bi su yadda suka tsara har ƙarshe, abin da za ka biya ya kusa kuɗin gida uku. Na ce maka ba su ƙara ko kwabo a kan abin da ka sa wa hannu ba. Sun dai faɗa maka nawa ne a wata, ba su faɗa maka nawa ne duka ba.

Sannan ka yi wata dariya wadda ban manta da ita ba. Ka ce, "Shekara bakwai na yi golmo ina noma wa iyayen Monica kafin su ba ni ita. Amma tun ranar da na fara na san ranar gamawa, kuma gonar ba ta ƙara faɗi da dare."

Na zaci za ka yi abin da mutanenmu suka saba, wato ka rufe bakinka, ka rufe ƙofarka, ka ci gaba da biya kana ramewa. Ba a son a ji mutum da bashi a garin nan, balle tsohon soja. Washegari sai ga ka da bokitin farar ƙasa da buroshi. Bangon gidan siminti ne tsurarsa, ba a taɓa yi masa fenti ba. Ka auna tsayinsa daga ƙasa zuwa kwano, ka raba shi gwargwadon bashin, ka ja farin layi ta gefen da ke kallon hanya. Layin bai fi taƙi guda daga ƙasa ba. Duk wanda ya tsaya tambaya, amsarka ɗaya ce: "Daga nan zuwa ƙasa nawa ne. Daga nan zuwa sama nasu ne. Shekara uku ke nan ina biya."

An yi dariya sosai. Wani abokinka na bariki ya ce, "Saje, ashe gidan kaji ka mallaka!" Ka ce masa, "Ƙwarai, mutumina. Zo mu je mu auna naka." Bai zo ba. Shi ma rancen ya ci rana ɗaya da kai. Cikin waɗanda suka yi shiru saboda kunya, na san biyu da yau suke zaman haya, gidajensu sun koma hannun kamfanin. Ba don na tozarta su na faɗa ba. Na faɗa ne don a san wane ne ya yi asara, mai layi a bango ko mai bango fari fat.

Da kaka ta zagayo ka sayar da dawa da wake, ka koma Birnin Kebbi da kuɗin a aljihu, ka ce a cire su daga uwar kuɗin kai tsaye. Suka ce tsarinsu bai saba da haka ba, sai dai su ajiye su a matsayin biyan watannin gaba. Ka san idan aka yi haka ruwan ba zai ragu ba. Ka jawo kujera ka zauna a tsakiyar ofishin. Ka ba ni labari cewa wani matashi ya ce, "Baba, za mu rufe fa." Kai kuma ka ce, "Rufe, ɗana. Na yi gadin gada a lokacin yaƙi, zaman ofishi mai fanka ba zai gagare ni ba." Da babbansu ya fito ya duba yarjejeniyar, ya ga babu inda aka hana, dole suka karɓa. Daga wannan shekarar kowace kaka kana kai musu abin da gona ta ba ka.

Ba ka goge tsohon layi idan za ka ja sabo. Haka suka jeru a bangon. Na biyu ya kai gwiwa, na uku ya kai ƙugu, na huɗu ƙirji, na bara kuwa ya wuce kan mutum. Duk mai ido zai ga tazarar da ke tsakaninsu tana ƙara faɗi, domin duk abin da aka rage daga uwar kuɗi ya daina haihuwar ruwa. Na yi shekaru ina zana wannan darasi a allo yara suna hamma. Ranar da na fara kawo su gaban bangonka, kai da kanka ka fito ka jera su, ka sa kowa ya gwada tsayinsa da layukan. Kafin mu koma makaranta suna ta gardama a hanya, wannan na cewa da Baba bai kai kuɗin dawa ba da layin yana ina yanzu, wancan na ƙirgawa da yatsu. Tun daga nan kowane aji sai na kai su, kuma ba su taɓa tashi ba sai Mama Monica ta cika musu aljihu da gyaɗa.

Ba ka taɓa ce wa kowa kada ya ci rance ba. Na ga lokacin da Abdu, tsohon ɗalibina da ke aiki a asibiti yanzu, ya zo maka yana zumuɗi, an yi masa tayin rancen gida, wai abin da za a riƙa cira bai taka kara ya karya ba. Ka ce, "Abdu, nawa ne duka?" Ya ce bai tambaya ba. Ka ce, "Koma ka tambaya. Ka tambaye su kuma, in ka samu kuɗi a tsakiya za su karɓa su rage uwar? In sun fara kame-kame, ka gaishe su ka fito." Abdu ya koma, ya dawo jikinsa a sanyaye. Ya rage abin da zai karɓa zuwa rabi, ya rage shekarun, ya fara da ɗaki biyu. Ranar jana'izarka, shi Musulmi, yana cikin waɗanda suka tsaya a rana a bakin coci har aka fito da kai.

Ana gobe za a binne ka, ƙanenka Aaron ya iso da bokiti biyu na farar ƙasa. Ban zarge shi ba, mutuncin gidanku yake nema. Ya ce wa Mama Monica, "Matarmu, gobe manyan sojoji za su zo, da fastoci, da surukai daga Ribah. A bari na shafe bangon nan duka ya yi fari. Yaya ya tafi, a rufa masa asiri."

Tana zaune a tabarma cikin mata, idonta ya kumbura. Ta ɗago ta ce, "Aaron, wane asiri? Abin da ya rubuta a bakin hanya da hannunsa?"

Ya ce, "Mutane za su ce ya bar ki da bashi."

Ta ce, "Ya bar ni da bashi, kuma ya bar ni na san ko nawa ne. Matan da aka fitar daga gidajensu, sai ranar fitarwa suka sani. Ajiye bokitin nan a bayan ɗaki. Zan buƙace shi bayan girbi."

Haka baƙi suka zo suka tarar da bangon da layukansa biyar. Na ga wani babban hafsa ya tsaya yana kallo, ya tambayi ma'anarsu, aka gaya masa, ya cire hularsa.

Amma gaskiya ita ce hankalinmu bai kwanta ba. Fansho ya tsaya da rasuwarka, kamfanin kuwa ba ya zaman makoki. Ga dawa ta nuna a gonarka ta Dabai, ba mai yanka. Idan biyan kakar bana ya kuɓuce, ruwan zai fara cin abin da ka gina, kuma mun san inda hakan ke kai mutum. Ban kira kowa ba. Tsofaffin ɗalibai ne suka aika wa juna, Abdu ya ɗauki hayar mota, aka yi gayya. Aaron ne ya fara shiga gonar da laujensa. Aka yanke, aka sussuke, aka kai kasuwa. Mama Monica ta ɗaure kuɗin a zani ta hau mota zuwa Birnin Kebbi ita kaɗai. Da ta dawo na tambaye ta ko sun ba ta wahala. Ta ce, "Da na ce ni matar Saje Sila ce, na jawo kujera, ba su bari na zauna ba."

Ranar Asabar da ta wuce ta aiko a kira ni na auna mata. Wurin ya faɗo sama da taga. Na miƙa hannu zan karɓi buroshin, ta hana. Ta sa aka kifa mata turmi, Aaron ya riƙe shi, ta hau. Layin bai miƙe kamar naka ba, amma ta ja shi tun daga wannan kusurwa har waccan. Abin da ya rage tsakaninsa da kwano bai fi taƙi uku ba.

To, ga amsata ga masu cewa ka mutu da bashi. E, ka mutu da shi, kamar yadda da yawa daga cikinsu suke kwana da nasu ba su san girmansa ba. Kai ka auna naka da rana tsaka, ka ƙi jin kunyar kuskuren da ba kai kaɗai ka yi ba, ka mai da shi makaranta ga 'ya'yan mutane. Muddin ina riƙe da alli a garin nan, zan ci gaba da kawo su.

Baba Saje, Allah ya ji ƙanka, ya gafarta maka kurakuranka, ya karɓe ka a gidan da ba a biyan komai a kansa. Ina miƙa ta'aziyyata ga Mama Monica, da 'ya'yanku da jikoki, da Aaron da dukan dangi a Dabai, da tsofaffin sojojin Zuru da suka rasa ɗan'uwa. Allah ya ba ku haƙuri, ya ba mu damina mai albarka. Sauran farar ƙasar tana nan a bayan ɗaki, Mama ta rufe ta da buhu. Ta ce ranar da layi ya taɓa kwano, Aaron ya zo ya shafe bango uku su yi fari yadda yake so. Na bakin hanya kuwa, a bar shi yadda ka bar shi.