Gayaunar Inna

Ni ne na kai ƙarar yayana. Na fara da wannan don kada a ɗauka wanke kaina na zo yi.

Da aka raba gadon mahaifinmu a ƙauyenmu, kusa da Aujara, Yaya ya sami gonar da ke jikin burtali, hanyar da shanu ke bi zuwa mashaya. Ni aka ba ni ta tudu, aka ce ai ma'aikaci ne a Dutse, noma ba ya gabansa. Abin ya tsaya mini a rai. Duk kaka in na je gida sai in tarar da dammunan geronsa jibge, mutane na sa masa albarka. Nawa kuwa amalanke guda ke kwashe shi, har da sauran wurin zama. Kishi nake yi, ba wani abu ba.

Na kuma san inda gizo ke saƙa. Kowace damina garmar Yaya sai ta ƙara kunya ɗaya cikin burtali, inda shanu suka shekara suna zuba taki kyauta. Ya taɓa cewa da ni cikin raha, “Mai kunya ba ya ƙara kunya.” Kowa ya yi dariya. Ni ma na yi.

Wata Litinin na zauna a ofis na rubuta takardar koke da Hausar boko, na sa hannu da “mai kishin jama'a”. Kishin dai gaskiya ne, jama'ar ce babu. Magana ta je ƙaramar hukuma, daga nan ta faɗa kotu. Yaya ya dage cewa gado ne, hukuma ta ce burtali ba ya gaduwa. Aka kira wani tsohon Ardo, ya taka da sandarsa ya nuna inda shanun ubansa suke bi. Aka yanke wa Yaya kunya goma sha ɗaya, mafi kyau a gonar, aka kafa turaku.

Na zaci zan ji sanyi, sai ga shi ko tuwo ya daina yi mini daɗi.

Bayan sati biyu ya zo Dutse, ya sauka daga adaidaita a ƙofar gidana da ƙullin kuka da daddawa, tsarabar iyalina. Yaya almajirin allo ne, ajami yake karantawa, boko kuwa sai dai a karanta masa. Ya zaro kofen takardar koken da ya karɓo a kotu daga aljihu.

“Ɗan boko, kai ne idonmu. Karanta mini, in ji ko akwai ƙofar ɗaukaka ƙara.”

Na karɓa ina karantawa da muryar wanda bai taɓa ganinta ba, har ina girgiza kai. A tsakiya idona ya faɗa kan wani layi: “ya fara ci ne daga gayaunar Inna.” Ɗan wurin da mahaifiyarmu take shuka kuɓewa ke nan a bakin burtali, tun muna yara. Ta daɗe da rasuwa, kuma duk duniya babu mai kiran wurin haka sai mu biyu. Yadda ya kuɓuce mini a rubutu, har yau ban sani ba. Na yi tari, na haura layin, na kai ƙarshe.

Yaya ya murza hularsa a gwiwa.

“Akawun kotu ma ya karanta mini,” in ji shi. “Sau biyu na sa ya maimaita. Ka tsallake layi ɗaya.”

Na buɗe baki, ya ɗaga hannu.

“Da ka ce kana son gonar, wallahi da mun yi musaya.”

Ya miƙe ya sa takalminsa. Na ce ya tsaya ya ci abinci, an kusa saukewa. Ya ce azumi yake yi, ranar kuwa Laraba ce.