Man Haske a Ƙwaryar Inna

Shekarar da muka koma unguwar Federal Low-Cost, 'yata ta biyu ta faɗo daga kan bishiyar gwaiba ta karye a ƙafa. Tana firamare a lokacin. Aka naɗe mata ƙafar da filasta a asibiti, aka ce ta kwanta sai ƙashi ya haɗe. Yarinyar da ko abinci a tsaye take ci, sai ga ta a kan katifa a falo tana kallon silin. Ni da babanta duk koyarwa muke yi, don haka surukata, wadda muke kira Inna, ta taso daga ƙauye ta zo jinya.

Wata Asabar ina tsintar shinkafa a bakin ƙofa, na ji yarinyar tana cewa, "Inna, kin san abin da ya sa mutum ba ya tashi sama?"

"Don ba shi da fiffike mana."

"A'a. Inuwarsa ce take riƙe shi."

Ashe wata ƙasa ta ƙirƙira a kwancen nan. A can, in ji ta, ana saƙa mayafi da zaren da yake shan haske. Da hantsi inuwa doguwa ce, tana da nauyi, ba mai iya ɗagawa. Rana tana hawa inuwa tana tsukewa, har ta shige ƙarƙashin tafin ƙafa. A nan ne mutum zai buɗe mayafinsa ya lula. Amma dole ya sauka kafin la'asar, in ba haka ba inuwar ta miƙe ta fizgo shi.

Na zaci Inna za ta ce ta daina shirme. Sai ta ajiye carbinta ta ce, "To, ƙawata, shanunsu fa? A ƙasa za a bar su?"

Suka wuni a kan shanu. Aka tsaya a kan cewa su ma ana yafa musu, makiyayi kuma ya riƙe igiya kada ɗan maraƙi ya ɓace a sama.

Babanta malamin kimiyya ne a sakandare. Da aka ba shi labari ya zauna a gefen katifar ya saurara tsaf, sannan ya ce, "In hadari ya rufe rana mutum yana sama fa?"

 Na ga idon yarinyar ya kawo ruwa, na harare shi. Ya yi maza ya ce ai sai su riƙa tara hasken, kamar yadda solarmu take yi.

"Baba, babu batir a ƙasata."

Inna ce ta raba gardamar. Ta ce a tari hasken safe a ƙwarya kamar madara, a rufe da faifai ya kwana ya yi kindirmo, a kaɗa shi a cire mai. Duk mai tafiya ya ƙulla ɗan curi a bakin zani. In gari ya lumshe, sai ya shafa wa mayafinsa. Babanta ya yi dariya har da tafi, ya ce wannan ya fi batir, tunda ba ya kumbura.

Shi ma ya samu nasa. Ya ce fararen mayafan da yarinyar take ba mutanenta kore haske suke yi, baƙi ne yake sha. Ta ƙi yarda. Washegari ya shanya tsofaffin ɗankwalayena biyu a igiya, fari da baƙi, da azahar ya kawo mata ta taɓa. Ta taɓa wannan, ta taɓa wancan, ta tura baki. Daga ranar mutanen ƙasar suka koma baƙin mayafi, sai dai ta ce a bar wa amare fari, tunda su ba nisa za su yi ba.

Ni abu ɗaya na roƙa. Na ce a ba ni izinin tashi da mayafin zuwa gidan yayata a unguwar Pantami ba tare da na tsaya jiran Keke Napep a rana ba. Ta ce, "Umma, da wannan jakar taki? Inuwarta kaɗai ta isa ta hana ki." Inna ta yi ta ƙyaƙyatawa har da share hawaye.

Ban taɓa zama da surukata kamar a makonnin nan ba. Da can gaisuwa ce tsakaninmu da kunya. Yanzu kuwa ina dawowa daga makaranta za ta tare ni tun daga ƙofa da sabuwar dokar da aka kafa a ƙasar masu mayafin.

Ranar da aka cire filastar, ƙafar ta fito siririya, ta yi fari. Ba a jima ba ta koma makaranta, wasa ya ɗauke mata hankali. Ƙasar ta tsaya a inda take, ba a ma gama shawarar ko goyo yana ƙara wa uwa nauyi ba. Inna ta ƙara kwanaki, sannan ta ce shuka tana jiranta.

Kwanan baya na tuna wa 'yar tawa, yanzu tana jami'a. Ta ce ita abin da ya fi tsaya mata a rai ƙaiƙayin filasta ne, da tsinken tsintsiyar da Inna take zura mata a ɓoye tana sosawa, bayan likita ya hana. Wannan kuwa sai ranar na ji shi.