Tafin Yaya Sani a Siminti

Jiya na je sakandaren gwamnati a nan Gumel kai wa ɗana magani, sai na tarar da magina suna fasa simintin filin ƙwallon kwando.

'Yan ajin yayana, marigayi Yaya Sani, su suka zuba filin nan da hannunsu. Ranar ya danna tafinsa a ɗanyen siminti, ƙarƙashin kwando. Ni ina makarantar allo, ta katanga nake leƙen wasansu. Ya rasu a hanyar Maigatari, ko hotonsa ba mu da shi. Tafin nan kaɗai ya rage.

Ban yarda in ɗauki kayan gwamnati ba izini ba, sai na nemi malamin wasanni.

Na ce, "Malam, in ya halatta, a ba ni guntun da ke da hannun nan. Na yayana ne."

Ya ce, "Hajiya, ashe mai hannun yana da suna! Duk yaron da ya shiga ƙungiyarmu sai ya gwada tafinsa a ciki. Da mun ce a yanko shi a mayar sabon fili. Amma kin fi mu haƙƙi."

Na durƙusa na sa hannuna a cikin tafin. Har yau bai cika shi ba.

Na ce su bar wa yaran, su dai rubuta Sani a gefe.

Haka na dawo gida ina ta kewarsa. Allah ya jiƙan namu. Ku fa, me ya rage muku na waɗanda suka riga ku?